Yaron da bai taɓa kunna kyamarar fim ba aka danƙa masa fim guda, ku zo mu yi maganar Subrata Mitra

Ɗan Fagge:
Salamu alaikum 'yan gida. Jiya kusan kwana nai ido biyu saboda wani tsohon fim ɗin Indiya baƙi-da-fari, kuma kafin wani ya fara min dariya ba irin wanda kuka sani bane, ba rawa a kan dutse, ba bos, ba faɗa. Pather Panchali sunansa, 1955 ya fito, da yaren Bengali aka yi shi. Ba labarin ne ma ya hana ni barci ba, hoton ne. Na je na duba waye ya ɗauka sai na ga wani Subrata Mitra, ashe lokacin da darakta Satyajit Ray ya ce masa kai za ka ɗaukar min fim ɗin nan shekararsa 21, kuma wallahi bai taɓa kunna kyamarar fim ba ko sau ɗaya, hoton kati kawai yake ɗauka. To ni tambayata, mu da kullum kukanmu ba kayan aiki, ba fitilu, ba lens, anya ba kanmu muke yaudara ba kuwa?

Maman Sadiq:
Wa alaikumus salam. Bengali kuma? Ni fa tunda nake kallon Indiya na ɗauka duk indiyanci ɗaya ne, sai dai na su Prabhas da ake cewa na kudu ne

Malamin Zariya:
Maman Sadiq abin da muke ce wa indiyanci Hindi ne, na Bombay. Bengali yaren mutanen gabas ne, jihar Bengal ta Yamma da babban birninta Kalkata, da kuma ƙasar Bangaladesh gaba ɗaya. Suna da masana'antar fim ɗinsu daban a wata unguwa a Kalkata mai suna Tollygunge, daga nan ma sunan Tollywood ya fara fitowa tun kafin 'yan fim ɗin Telugu na kudu su ɗauke shi. Kuma kin san mutanensu sarai ba ki dai san daga can suke bane. Mithun na Disco Dancer ɗan Bengal ne. Jaya matar Amitabh fim ɗinta na farko na Bengali ne, Mahanagar, 1963. Sharmila Tagore babar Saif Ali Khan ita ma na farkonta Apur Sansar ne, 1959, tana yarinya ƙarama. Duk biyun nan Ray ne darakta, kuma wannan Mitra ɗin da Ɗan Fagge ya kawo shi ya ɗauke su.

Maman Sadiq:
Kai Malam! Ashe shi ya fara haska fuskar surukar Kareena. To na zauna, ku ci gaba

Alhajin Lokeshin:
Ɗan Fagge ka fara ko. Duk wanda ya kalli fim ɗin da ya ci kyauta a Turai sai ya zo yana mana wa'azi. Tambaya ɗaya zan maka, kwana nawa suka yi suna ɗaukar fim ɗin? Amsa min wannan tukun.

Ɗan Fagge:
Alhaji kusan shekara uku ne, sun fara a Oktoba 1952, amma ai rashin kuɗi ne ya ja, ba wai jin daɗi ba

Alhajin Lokeshin:
Yawwa. Shekara uku. Ni kwana bakwai nake da shi in gama fitowa tamanin, jaruma tana da wani lokeshin jibi, mai gidan da muka ara ya ce kafin magariba mu kwashe tarkacenmu, ga abincin mutum talatin a wuyana. Ka ba ni shekara uku ka ga in ban ɗauko maka hoton da za ka yi kuka ba.

Baban Hanifa:
Alhaji ka yi haƙuri in sa baki, ni da na yi shekara da shekaru ina saɓa kyamara a gidan talabijin tun zamanin kaset mai nauyin bulo. Shekara ukun nan da kake gani ba hutu suka yi a ciki ba. Ray ma'aikaci ne a kamfanin talla, ranakun hutun ƙarshen mako suke fita ɗauka, kuɗi ya ƙare ya sayar da fayafayan waƙoƙinsa, aka jinginar da sarƙoƙin matarsa, duk da haka aiki ya tsaya cak wata da watanni, sai da gwamnatin jihar ta shigo ta ba da kuɗi, kuma abin dariya a ƙarƙashin kasafin gyaran hanya aka rubuta kuɗin saboda sunan fim ɗin yana nufin waƙar hanya. Ka duba fa a cikin fim ɗin akwai yara biyu da za su iya girma su canza kama, akwai tsohuwa tukuf mai wajen shekara tamanin da kowa ke fargabar kar ta cika kafin a gama. Ta kai ƙarshen ɗauka amma ba ta ga fitowarsa a sinima ba. Wannan kake kira samun lokaci? Wannan ai zaman ɗar-ɗar ne.

Amma Ɗan Fagge kai ma ɗana akwai inda ka zame. Ka ce bai taɓa kunna kyamara ba, gaskiya ne. Sai dai ba daga sama ya faɗo ba. Lokacin da daraktan nan Bafaranshe Jean Renoir ya zo Kalkata yana ɗaukar fim ɗinsa The River wajen 1950, yaron nan ya nemi a ɗauke shi aiki bai samu ba, sai aka bar shi ya riƙa zuwa yana kallo kawai. Kullum yana gefe da littafinsa, yana zana inda aka dasa kowace fitila, ina kyamara take, ina ɗan wasa ya tsaya, yadda Claude Renoir mai ɗaukar hoton yake tsara haskensa. A wurin ne suka haɗu da Ray, shi ma kallo yake zuwa, da Bansi Chandragupta mai gina set wanda daga baya su ukun suka zama tsintsiya ɗaya. To yaranmu na yanzu wa zai tsaya wata guda a lokeshin yana zane ba a ba shi ko na mota ba? Sati biyu da riƙe rifilekta, allon nan na mayar da haske, sai ka ga ya buga kati ya rubuta DOP, wai shi ne babban mai ɗaukar hoto.

Ummi Edita:
Baba ka taɓo inda yake min ƙaiƙayi. Su buga kati su kawo min hoto fuska ta ƙone bango ya yi duhu su ce Anti a gyara a kala. Me zan gyara? Abin da ya ƙone ya ƙone, kwamfuta ba ta dawo da goshin da ya zama farar takarda.

Ɗan Damagaram:
Ina gaida mutanen Kano. Ni na kalli wannan fim da fassarar Faransanci tun ina lise, sakandare kenan a wurinmu. Wurin da ya tsaya mini har yau shi ne inda yaran biyu suka shiga gonar wata doguwar ciyawa mai farin fure suka ga jirgin ƙasa karon farko, baƙin hayaƙi a sama farin fure a ƙasa. In ka ce mini wanda ya ɗauki wannan sabon hannu ne sai in ce ƙarya kake.

Malamin Zariya:
Kuma da wannan fitowar suka fara aikin gaba ɗaya. Sun ɗauki rabi, da suka koma bayan kwanaki su ƙarasa sai suka tarar shanu sun cinye furen tas, dole aka jira wata shekarar ya sake fitowa.

Alhajin Lokeshin:
Hhhh to ka ji. Ni da shanu sun cinye min lokeshin gonar dawa zan koma in ce a ci gaba, mai kallo a waya ina ruwansa

Ɗan Fagge:
Ai Alhaji wannan ina-ruwansa ɗin shi ya kashe mu

Baban Hanifa:
Ku bar faɗa ku zo ga abin da ya sa sunan mutumin nan ya shiga littattafai, don ba jirgin ƙasan bane. Fim na biyu ne, Aparajito, 1956. Labarin ya koma birnin Benaras, iyalin suna haya a wani tsohon gida irin mai hawa-hawa da tsakar gida ƙarama a tsakiya, sama a buɗe. Duk wanda ya taɓa zama a tsohon gidan cikin birni mai dogayen katangu ya san hasken da nake nufi, rana ba ta dukan ƙasa kai tsaye sai dai hasken sararin sama ya sauko a hankali ya lulluɓe komai, ba ka ganin inuwa mai kaifi. An so a gina set ɗin a fili a yi amfani da hasken Allah, sai Bansi ya ji tsoron damina, ka san ruwan can ba irin namu bane in ya tsuge sai ya yi kwanaki, aka ce a mayar da shi cikin situdiyo. Mitra ya yi gardama bai ci ba. To a wancan lokacin yadda ake haska situdiyo shi ne a jera fitilu a sama kowacce ta harbo haske kai tsaye kan mutum, shi ya sa in kun lura a tsofaffin finafinan Indiya da muka kalla a Plaza da Marhaba za ka ga jarumi ɗaya inuwarsa uku a bango, alhali ɗakin taga ɗaya gare shi. Mitra kuma ya ce wannan ba zai taɓa kama da tsakar gida ba. Sai ya sa aka ɗaura farin ƙyalle a firam aka shimfiɗa shi a saman set ɗin daidai inda sararin sama ya kamata ya kasance, ya juya fitilun suka kalli ƙyallen maimakon 'yan wasa, haske ya daki ƙyalle ya dawo ƙasa a tausashe. Shi ke nan. Abin da yau kowane yaro yake ce wa bawuns. Mutane suka kalli fim ɗin ba su iya raba inda aka ɗauka a Benaras na gaske da inda aka ɗauka a situdiyo a Kalkata ba, kuma fim ɗin ya je bikin finafinai na Venice a Italiya a 1957 ya ɗauko babbar kyautar, Zakin Zinare.

Ɗan Fagge:
Farin ƙyalle fa jama'a. Farin ƙyalle! Alhaji nawa ne yadin alawayyo a Kwari?

Injiniya Ba Satifiket:
Ni fa ban yarda da cewa shi ya ƙirƙiro ba. Masu hoton kati sun daɗe suna mayar da haske da farin allo, masu zane ma sun san hasken taga tun ɗaruruwan shekaru. Kowace ƙasa tana son ta ce ɗanta ne ya fara. Gobe wani zai zo ya ce ɗan Sweden ɗin nan da ya yi aiki da darakta Bergman ne.

Malamin Zariya:
Injiniya maganarka tana da ƙamshin gaskiya amma ka haɗa abu biyu. Ba wanda ya ce shi ya gano cewa haske yana dawowa in ya daki farin abu, wannan ko kaka ta sani shi ya sa ake shafa farar ƙasa a ɗaki. Rifilekta a da ɗan taimako ne, a cike inuwa a gefen fuska. Abin da ya yi daban shi ne ya mayar da hasken da ya dawo ya zama shi ne uban hasken set ɗin gaba ɗaya, a cikin situdiyo, don ya kwaikwayi wani haske takamaimai da ya gani da idonsa a wani gari. Sven Nykvist da kake nufi, aikinsa da ya yi suna da irin wannan laushin haske na shekarun 1960 ne, Aparajito kuwa 1956. Ko wani ya yi a wani wuri kafin nan, shi dai ba a wurin kowa ya kwafa ba, matsala ce ta taso masa ya warware.

Injiniya Ba Satifiket:
To na sassauta amma ban janye duka ba

Ummi Edita:
Wani ya min bayani dalla-dalla don Allah, me ya sa in ya daki ƙyalle yake laushi? Ai hasken ɗaya ne

Baban Hanifa:
'Yata girman inda hasken ya fito shi ne magana, ba ƙarfinsa ba. Fita tsakar rana a watan Afrilu ki kalli inuwarki, kamar an yanka da reza, saboda rana duk girmanta a idonmu 'yar ƙwallo ce guda, daga wuri ɗaya hasken ke zuwa. Ki sake fita ranar da hazo ya sauka sosai a hunturu, ina inuwar? Ta narke, don sararin sama duka ya zama fitila, haske na zuwa ta ko'ina. Ƙwan fitila tsirara rana ce ta Afrilu, ƙyallen nan kuma hazo ne. Kuma mu baƙaƙe abin ya fi shafarmu, fatarmu tana da sheƙi, tana nuna siffar abin da ya haska ta kamar madubi, in kika harba mata ƙaramar fitila sai ki ga ɗigon fari a goshi da kan hanci saura duhu, shi ne abin da ake kawo miki ki gyara. In babban farin abu ne ya haska ta sai sheƙin ya bazu a kumatu, fuska ta fito da kyanta ba sai an yi ta lafta hoda ana ƙara fari a kwamfuta ba.

Maman Sadiq:
Baba Allah ya ƙara lafiya. Wallahi bidiyon bikin ƙanwata haka aka yi mana, fitila a ido kamar 'yan sanda sun kama mu, amarya duk ta fito kamar an watsa mata man gyaɗa

Ɗan Fagge:
Maman Sadiq ba ni na ɗauka ba dai ko

Maman Sadiq:
Da kai ne da tuni ka ji ni a inbox

Alhajin Lokeshin:
Duk na ji. Amma Baba faɗa musu gaskiya duka mana, kar yara su tafi da rabin karatu. In ka juya fitila ta kalli ƙyalle haske nawa ke dawowa? Rabi ma ba ya dawowa. Kenan inda fitila biyu za ta ishe ka sai ka nemi shida, shida kuma janareto babba, janareto babba kuma mai. Shi a situdiyo yake mai wutar lantarki da ma'aikatan fitila. Ƙyallen ne mai arha, abin da ke bayan ƙyallen ba arha bane. Wannan zancen na ido ne ba kayan aiki ba daɗin baki ne kawai, sai da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Baban Hanifa:
A nan kam ka yi gaskiya Alhaji, ban musa ba. Har ma in ƙara maka, fim ɗin da suke sakawa a kyamara a lokacin yana cin haske sosai, ba kamar kyamarorin yanzu da ke gani a duhu ba. Kuma shi Mitra ba mutumin a-yi-haka-nan bane ko kaɗan, an san shi da tsanani, ya tsaya kan abu sai ya yi daidai, har wurin wanke fim a lab yana bibiya. Saboda haka Ɗan Fagge in darasin da ka ɗauka shi ne kayan aiki ba komai bane, ka ɗauki kuskure. Ya san abin da yake so ya gani tun kafin ya kunna fitila, sannan ya nemi abin da zai kai shi can. Mu kuma sai mu kunna duk fitilar da ke mota sannan mu leƙa mu ga me ya fito. Amma kai ma Alhaji kyamarar da kake haya yau da ƙwan LED biyu da farin bango za ta yi abin da shi sai da fitilu jingim, to kai mene ne naka uzurin?

Alhajin Lokeshin:
Uzurina minti arba'in ɗin da za a ɓata ana ɗaura zani a silin

Sarkin Data:
Assalamu alaikum masu buƙatar data mai arha duk network a tuntuɓe ni

Admin:
Sarkin Data wannan gargaɗi na biyu ne. A ci gaba da magana.

Ɗan Damagaram:
Ni abin da ban gane ba, in har sun yi irin wannan nasara tare me ya raba su? Don na ga finafinan Ray na baya wani suna ne daban a wurin hoto.

Malamin Zariya:
Fim goma suka yi tare, daga Pather Panchali har Nayak a 1966. A ciki akwai Jalsaghar, Devi, Kanchenjungha wanda shi ne fim mai kala na farko da Ray ya yi a 1962, da Charulata na 1964 wanda da yawa ke cewa a nan hoton Mitra ya kai ƙarshe, kusan duk a cikin gida ɗaya aka yi shi amma hasken tagogi kaɗai zai gaya maka safiya ce ko la'asar. To daga wajajen wannan fim ɗin Ray ya fara karɓar kyamara yana riƙewa da kansa lokacin ɗauka, Mitra ya tsara haske shi kuma ya sa ido a kyamara. Hujjar Ray ita ce ta haka ne kawai zai san tabbas ko ɗaukar ta yi, kuma 'yan wasa sun fi sakin jiki in ba sa ganin fuskar darakta tana kallonsu. Bayan Nayak suka rabu, Soumendu Roy wanda dama yaron Mitra ne tun Pather Panchali, kuma ya riga ya ɗauki wasu na Ray kamar Teen Kanya a 1961, shi ya ci gaba.

Ummi Edita:
Ni ina bayan Mitra ɗari bisa ɗari. Ka kira mutum mai ɗaukar hoto sannan ka hana shi leƙa kyamara? Kamar ka kawo tela ne ka ce ya yanka amma kai za ka hau keken. Kuma ku tuna lokacin ba monita, wanda idonsa ke cikin kyamara shi kaɗai ya ga abin da aka ɗauka sai an wanko fim, kenan an bar shi yana haska abin da ba ya gani.

Alhajin Lokeshin:
Ni kuma a nan ina bayan darakta. Fim na darakta ne. Mai kyamara in ka sake masa zai ce a sake, a sake, inuwa ta ɗan motsa a sake, kuma wancan lokacin kowane a-sake kuɗi ne tsaba don fim ake ƙonawa ba kati ake gogewa ba. Ray da kuɗi ƙalilan yake aiki. Wani lokacin ɗan wasa ya yi abin da ba zai iya maimaitawa ba, hawayen gaske ya zubo, sai mai kyamara ya ce kan ya ɗan fita daga firam. To wanne za ka zaɓa?

Ummi Edita:
Alhaji kai dama duk inda aka ce a rage kuɗi nan kake

Alhajin Lokeshin:
Anti da ban rage ba da me zan biya ki

Baban Hanifa:
Ni na zauna a kujerar nan don haka ba zan iya yin alƙalanci ba, zuciyata na wurin mai kyamara. Akwai wani darakta da na yi wa aiki shekarun baya, ba zan kama suna ba, ranar da ya ture ni ya ce matsa in gani a gaban yarana, wallahi har na koma gida abinci bai shiga ba. Ba don ya fi ni ko bai fi ni ba. Abin da zan ce dai, ku kalli na kafin 1966 ku kalli na bayansa ku yi wa kanku hukunci. Soumendu Roy gwani ne, ya yi manyan ayyuka, amma ni idona yana gaya min akwai wani abu a baƙi-da-farin Mitra da bai sake dawowa ba. Shi ma kuma Mitra bai sake samun darakta kamar Ray ba. Kowa ya yi asara.

Injiniya Ba Satifiket:
Baba wannan son zuciya ne irin na tsofaffi, komai na da ya fi. Ni na kalli Aranyer Din Ratri na 1970, Soumendu ne ya ɗauka, ban ga abin da ya rage ba

Baban Hanifa:
Na yarda son zuciya ne ɗana, ai na faɗa tun farko

Maman Sadiq:
To bayan sun rabu ya koma Bombay ya yi kuɗi ko?

Malamin Zariya:
Bai zama ɗan kasuwa ba kam. Tun kafin rabuwar yana aiki da James Ivory da Ismail Merchant, ya ɗaukar musu guda huɗu, The Householder a 1963 da Shashi Kapoor, Shakespeare Wallah, The Guru, da Bombay Talkie a 1970. Na Hindi da iyayenmu za su iya sani shi ne Teesri Kasam na 1966, Raj Kapoor da Waheeda Rehman, baƙi-da-fari a lokacin da manyan taurari ke komawa kala, ya ci kyautar fim mafi kyau ta ƙasa amma a kasuwa bai yi ciniki ba. Daga nan ayyukansa suka yi ƙaranci sosai. New Delhi Times ne ya kawo masa kyautar ƙasa ta ɗaukar hoto a 1986, shekarar da gwamnati ta ba shi lambar girmamawa ta Padma Shri. Ƙarshen rayuwarsa koyarwa ya yi a makarantar fim ta Kalkata, wadda sunan Satyajit Ray ɗin dai aka sa mata, har ya rasu a Disamba 2001 yana da shekara 71.

Alhajin Lokeshin:
Kun gani ko. Fim ya ci kyauta bai yi ciniki ba, ayyuka suka yi ƙaranci. Ba ni na faɗa ba Malam ne. Ɗan Fagge in kana son ka zama shi ka shirya yin fim ɗaya a shekara biyu, ka gaya wa maman yara tun yanzu.

Ɗan Damagaram:
Amma Alhaji ga mu yau muna zancensa daga Damagaram har Zariya, masu fim ɗari na zamaninsa wa ya san sunansu

Alhajin Lokeshin:
Suna ba ya sayen buhun shinkafa ɗan'uwa

Ummi Edita:
Wani abin da ya ba ni mamaki da na je dubawa yanzu, ashe makaɗi ne ma, yana kaɗa sitar ɗin nan tasu mai tsirkiya da yawa. Ravi Shankar ne ya yi kiɗan Pather Panchali amma akwai ɗan wurin da hannun Mitra ne. Kuma kwafin da ke yawo yanzu mai tsabta ɗin nan gyararre ne, ainihin nagetif ɗin ya ƙone a gobara a wani lab a Landan a 1993, sai da aka bi abin da ya tsira aka lallaɓa aka fitar a 2015. Ɗan Fagge in mai dishi-dishi ka kalla nemi wannan, za ka sake rasa wani barcin.

Ɗan Fagge:
Jama'a na dawo da rahoto. Da safe na shiga Kwari na ce a yanko min farin alawayyo yadi biyar, mai shagon ya kalle ni ya sauke murya ya ce Allah ya jiƙan rai, namiji ne ko mace? Na ce Alhaji fitila zan haska. Har na fito yana bina da kallo. Da daddare na ɗaure shi a silin ɗakin Hajiya kakata da igiyar shanya, na juya LED ɗina biyu sama, na zaunar da ita a kan darduma. Wallahi Baba fuskar nan ta fito kamar da hantsi a zaure, duk layukan fuskarta a kwance lafiya lau ba ɗigon fari a goshi. Matsala biyu, hoton ya yi duhu sai da na buɗe lens har ƙarshe, sannan bango da labule da kwanukan jere duk sun haske daidai da ita, komai ya zama bai ɗaya kamar ba zurfi.

Alhajin Lokeshin:
Duhun nan ai na faɗa. Minti nawa ka ɓata?

Ɗan Fagge:
Awa ɗaya da kwata Alhaji, amma harda neman igiya

Baban Hanifa:
Sauko da ƙyallen kusa da ita, kar ka bar shi can manne da silin, kuma ka karkatar da shi ta gefe ɗaya kamar taga maimakon saman kai, hasken zai ƙaru kuma gefe ɗaya na fuskar zai ɗan fi ɗaya. Bangon kuma baƙin ƙyalle za ka rataya tsakaninsa da farin ya tare hasken da ke zuba a kansa, ka janyo Hajiya gaba ta bar jikin bango. Ka sake ɗauka ka turo min in gani.

Ɗan Fagge:
To Baba, gobe in sha Allah. Sai dai baƙin yadin a wani shagon zan saya, in na koma wurin mutumin nan zai ce takaba ce ta zo

Maman Sadiq:
Ita Hajiyar me ta ce da ta ga kanta?

Ɗan Fagge:
Cewa ta yi hoton ya yi kyau amma in kwance mata likkafanin nan daga saman kai kafin ta kwanta